Jini a Fim, Barkono a Miya

A watan Satumba na 2021, Hukumar Tace Fina-finai ta Jihar Kano, lokacin Isma'ila Na'abba Afakallahu ne shugabanta, ta sanar cewa ba a yarda a sake yin fim mai nuna garkuwa da mutane ko shaye-shaye ko ƙwacen waya ba. A 2024 wanda ya gaje shi, Abba El-Mustapha, ya ɗora da hana fina-finan daba da na daudu. Babu mazaunin Kano da zai ce hukumar ta tashi da zancen ne haka siddan, ai ruwa ba ya tsami banza. Ana soke matashi a kan wayar da ba ta kai kuɗin buhun masara ba, ana tare layi da rana tsaka a kora kowa gida, ga yara sun haddace salon maganar 'yan daban fim, sun fi riƙe shi a kan haddar allo. Uban da ya taɓa jin ɗansa ɗan shekara bakwai ya shaƙe murya yana gaya wa ƙaninsa zai farke shi, ba sai an yi masa dogon bayani ba.

Wannan tsoron ni ma ina da shi. A wajen magani ne muka raba hanya da hukuma. A ganina faɗa da jini a fim barkono ne a miya, kuma iyayenmu mata sun daɗe da sanin yadda ake zama da barkono a gida, ba a kore shi ba, bai kuma kwantar da kowa ba.

Dubi gidan yawa mana. Tukunya ɗaya ce a kan murhu, amma bakin da zai ci ya kai ashirin. Ga maigida, shi in miya ba ta sa shi gumi ba, cewa zai yi ruwan wanke-wanke aka ba shi. Ga kaka mai gyambon ciki, ko ƙamshin attarugu ya shige ta sai ta kwana tana juyi. Ga ɗan yaye da jiya-jiya ya fara tsoma hannu a tuwo. Ga samari biyu da suke gasar wa ya fi jure tsidugu. Mai girki ba ta tara su ta ce daga yau barkono ya bar shiga gidan nan, ba ta kuma juye jajjage gaba ɗaya ta ce kowa ya ji da kansa. Kafin ta zuba, sai ta sa ludayi ta ɗebar wa yaro nasa a ɗan kwano, ta ware na kaka, sannan ta ba tukunya gwargwadonta. Wanda bai ishe shi ba, ga kwalbar yaji nan a gefen faranti, hannunsa ne zai ƙara, bakinsa ne zai ji. Rigimar da duniya take yi a kan tace fim sama da shekara 100, in ka tattara ta duka, ba ta wuce wa za a ɗebar wa, yaushe, kuma ludayin yana hannun wa.

Amurkawa sun taɓa gwada miyar da ba barkono. A 1930 manyan kamfanonin Holiwud suka ɗora wa kansu ƙa'idoji, waɗanda aka fi sani da sunan shugaban ƙungiyarsu Will Hays, aka kuma fara aiki da su ba sani ba sabo daga 1934. Gudun kada gwamnati da malaman coci su riga su ne ya sa suka ɗaure kansu da kansu. Aka ce ba a nuna kisa dalla-dalla, ba a koya wa mai kallo yadda ake fasa akwatin ajiyar kuɗi, kuma kada a ja zuciyarsa ta karkata wajen mai laifi. Shekara talatin da 'yan kai ana haka. Tsofaffinmu da suka kalli fina-finan kaboyi a silimar Rex ko Falas sun san irin girkin: a harbi mutum, ya dafe ƙirji, ya sulale ƙasa, rigarsa fes kamar yanzu aka ɗauko ta daga wajen mai guga. Mutum goma su faɗo daga kan dawaki, jarumi ya busa bakin bindiga ya wuce. Babu gawar da aka wanke, babu uwar da ta yi kuka. Ni ban yarda cewa an cire barkono daga wannan miyar ba. Launinsa aka cire aka bar shi a ciki, yaro ya sha bai ga ja ba, ya tashi da tunanin cewa mutuwa faɗuwa ce kawai, labari ya ci gaba.

A 1967 aka saki Bonnie and Clyde, fim ɗin da ya ƙare da ruwan harsasai a jikin saurayi da budurwa, ana nuna jikinsu yana karkarwa a hankali. Daga nan ƙa'idojin Hays ba su sake tashi ba. A 1968 Amurkawa suka koma dabarar ludayi: kowane fim a manna masa alama, wannan na kowa ne, wannan sai da iyaye, wannan na manya. Har wannan ma sai da aka yi masa gyara. A 1984 iyaye suka kai yara kallon wani fim ɗin Indiana Jones, alamarsa ta nuna yaro zai iya kalla da sanin iyaye, sai ga boka ya zura hannu a ƙirjin mutum ya zaro zuciya tana bugawa. Ƙorafin da ya biyo baya yana cikin abin da ya sa aka ƙirƙiri sabon kwano na 'yan shekara 13, tsakanin na yara da na manya. Ingila tana da nata na 12 da 15 da 18. Mu ma hukumar tace fina-finai ta tarayya, wadda aka kafa a 1993, tana da irin waɗannan lambobin. Wato kwanukan suna nan a kicin ɗinmu, a kife.

To, barkonon nan da gaske yana ƙuna, ko tsoron iyaye ne kawai? Yana yi. A 1961 wani malamin sanin halayyar ɗan Adam a Jami'ar Stanford, Albert Bandura, ya tara ƙananan yara da ba su isa firamare ba, ya sa suka kalli wani babba yana jibgar wata 'yar tsana ta roba mai iska, irin wadda in ka ture ta take sake miƙewa. Yana naushinta, yana hawa kanta, yana kwaɗa mata guduma. Da aka bar yaran da 'yar tsanar, waɗanda suka ga dukan suka hau kwaikwayo. A 1963 ya sake gwajin da hoton fim maimakon mutum a gabansu, sakamakon bai sauya ba sosai. Wanda ya tashi zamanin Bruce Lee ba zai yi mamaki ba. Ana tashi daga fim ɗin Canis sai ka ga layi ya cika da ihu da shure-shure, washegari wani ya zo makaranta da kumburarren leɓe.

Amma gwajin Bandura na 1965 shi ne wanda nake so masu hukunci a garinmu su tsaya a kansa. Ya raba yaran gida uku. Wasu suka ga an yaba wa mai dukan har da ba shi kayan zaƙi, wasu suka ga an yi masa faɗa an hukunta shi, wasu kuma ba su ga abin da ya biyo baya ba. Waɗanda suka ga hukunci su ne suka fi kama kansu. Sai malamin ya fito da 'yar kyauta ya ce duk wanda ya nuna masa abin da mutumin nan ya yi zai samu. Nan take bambancin ya kusa gushewa, kusan kowa ya iya. Ashe duk sun koya, sun ajiye ne a ciki, lada ce ta fito da shi.

A garinmu wa yake riƙe da wannan kyautar? Wanda yake zuwa unguwa kakar zaɓe da bakin mota cike da ƙwaya da kuɗi, washegari kuma ya aika a yi belin yaron da aka kama da adda. Sai mai shagon da yake sayen wayar da ya san da jini a jikinta. Daba fa ta girmi fim ɗin Hausa nesa ba kusa ba. Tushenta yana cikin rigimar 'yan farauta da 'yan tauri, ta samu gindin zama a bangar siyasa tun zamanin jam'iyyun NEPU da NPC a shekarun 1950, alhali Turmin Danya, wanda ake lissafawa a matsayin fim ɗin bidiyo na farko a Kano, sai 1990 ya fito. Kalare a Gombe da sara-suka a Bauchi da ƙauraye a Katsina ba furodusa ne ya haife su ba. Duk wanda ya hana fim ya bar mai kyautar yana yawo, ya bar jaki yana dukan taiki.

Ban faɗi haka don in wanke 'yan fim ba. In ɓera da sata, daddawa ma da wari. Akwai wani abu da barkono yake yi wanda kowa ya sani a harshensa: sabo. Wanda ya fara da rabin attarugu yana hawaye, bayan shekara biyu uku yake jefawa bai ji komai ba, har ya riƙa ce wa abincin mutane lami. Ido ma haka yake. Masu bincike sun auna bugun zuciya da gumin hannun mutanen da suka saba kallon tashin hankali, suka ga jikinsu ba ya razana kamar na wanda bai saba ba. Wannan sabon shi ya fi ba ni tsoro a kan kwaikwayo, domin mai kwaikwayo ɗaya ne a cikin dubu, masu sabo kuwa mu ne duka. Su ne za ka ga an kwantar da yaro cikin jini a bakin titi sun zagaye shi, kowa ya ɗaga waya yana ɗauka, an rasa mai tsayar da adaidaita.

Daga sabon harshe zuwa ɗaukar wuƙa kuwa akwai tafiya, kuma masana har gobe suna jayayya a kan tsawonta. A 2009 wasu masana tattalin arziki biyu a Amurka, Gordon Dahl da Stefano DellaVigna, suka bi lissafin 'yan sanda na kusan shekara goma, suka tarar cewa a daren da aka saki babban fim ɗin faɗa, duka da sara a gari raguwa suke yi kaɗan. Ba don fim ɗin ya shiryar da kowa ba. Samarin da za su kasance a mashaya suna neman rigima ne suke zaune a silima, bakinsu cike da gurguru. Binciken dare ɗaya ya auna, bai ce komai ba a kan abin da shekara goma na kallo take yi wa yaro, amma ya isa ya nuna cewa lissafin ba ɗaya da ɗaya biyu ba ne.

Sai masu gyambon ciki. A watan Maris na 1981 wani matashi mai taɓin hankali, John Hinckley, ya harbi shugaban Amurka Ronald Reagan, bayan ya yi ta maimaita kallon Taxi Driver har ya ɗora wa kansa son jarumar fim ɗin. Miliyoyi sun kalli wannan fim sun koma gida sun yi barci. Shi cikinsa da ma a ƙwaƙule yake. A Ingila kuma, a 1993, yara biyu 'yan shekara goma suka sace wani yaro ɗan shekara biyu, James Bulger, a kusa da Libaful, suka kashe shi. Jaridu suka ɗora laifin a kan wani fim ɗin 'yar tsana mai kisa, Child's Play 3, aka yi ta kiran a ƙone kaset, har majalisa ta ƙara tsaurara doka a 1994. 'Yan sandan da suka yi binciken kuwa sun ce ba su samu shaidar cewa yaran sun kalli fim ɗin ba. Abin da aka samu shi ne gidajen da suka tarwatse da yaran da suke gudun makaranta ba mai neman su. Kaset ya fi sauƙin kamawa, shi ya sa aka kama shi.

Na san abin da mai karatu zai ce, kuma yana da gaskiya. Zai ce miya wanda ya sha ita take ƙona wa baki, amma wanda aka soke a lungu bai kalli fim ɗin ba, bai zaɓi komai ba. Haka ne. Ai ko dakan barkono, mai taɓarya tana tsakar gidanta, maƙwabta suna tari ta bayan katanga. Saboda wannan tarin ne hukuma take da hurumin sa baki, kuma ba na cikin masu cewa a rushe ta, kowa ya yi abin da ya ga dama. Abin da nake cewa shi ne ta duba girki, ta daina tsayawa a kan sunan kayan miya.

Ga misali daga fim ɗin da kusan kowane gidan Hausa ya sani, Sholay na 1975. Gabbar Singh ya tsere daga kurkuku ya zo gidan Thakur, ɗan sandan da ya kama shi. Yana kan doki yana harbe mutanen gidan ɗaya bayan ɗaya. Ba kiɗa. Ƙarar lilo kawai kake ji yana kai da komo. Sai ɗan ƙaramin jikan gidan ya fito ya tsaya yana rawar jiki, Gabbar ya matso da doki, ya ɗaga bindiga ya saita shi. Ba ka ga harbin ba. Hoto ya yanke zuwa jirgin ƙasa yana huci, Thakur ya sauko da tsarabarsa, ya zo ya tarar da gawarwaki a jere an lulluɓe su da farin ƙyalle, iska tana kaɗawa. Daga nan har ƙarshen fim, ga surukarsa Radha tana yawo cikin fararen kayan takaba, ba ta dariya, ba ta cika magana ba. Jinin da aka nuna bai cika cokali ba, amma wanda ya kalli wannan wurin yana yaro har yau yana jin sa a maƙogwaro, kuma ban taɓa jin wanda ya fito yana son ya zama mai harbin yaro ba. Wannan barkono ne da ya nuna a cikin miya, ya shiga nama ya shiga ganye. Hukumar tace fim ta Indiya kuwa, lokacin dokar ta-ɓacin Indira Gandhi, abin da ya dame ta shi ne ƙarshen labarin, inda Thakur yake tattake Gabbar har lahira da takalmi mai ƙusoshi. Ta ce ba za a nuna tsohon ɗan sanda yana ɗaukar doka a hannunsa ba. Dole darakta Ramesh Sippy ya sake ɗauka, 'yan sanda suka iso a daidai gaɓa suka kama mugu. Kawo 'yan sanda a minti biyar na ƙarshe tsohuwar dabara ce ta masu tacewa a ko'ina, kuma ita ce mafi rauni.

Kwatanta da irin shirin daban da ya cika wayoyin yaranmu. Jarumi ya shigo layi ana rage gudun hoto, gariyo yana walƙiya a hannunsa, an yi masa kiɗansa na musamman, yana da laƙabin da yara za su rubuta a bango da gawayi. Manya suna durƙusa masa, budurwa tana son sa saboda tsoron da ake ji nasa. Wanda ya sara kuwa ya faɗi ya fita daga hoto, ba suna, ba dangi. A yi kashi arba'in a haka, a na ƙarshe a kama shi ko a kashe shi, furodusa ya ce ai faɗakarwa muka yi. Yaro ba lomar ƙarshe kaɗai yake ci ba, malam, ya cinye kwanon tun daga sama. Kuma kowa ya san mai abincin da take labta barkono fiye da kima: naman jiya ne ya fara wari take rufewa. Fim ɗin da ba shi da labari haka yake yi, duk minti biyar a yi sara, tunda a YouTube yawan masu kallo shi ne kuɗi, sara kuma yana tara jama'a.

Da ni ne a kujerar tacewa, tambaya ɗaya zan riƙa yi wa kowane fim: bayan an soki mutum, wa kyamara ta bi? In ta bi mai wuƙa yana tafiyar isa ana masa kiɗa, wannan talla ce, a yanke ko a mayar da shi gyara. In kuwa ta bi wanda aka soka, ta shiga adaidaita da shi, ta tsaya a bakin ɗakin tiyata inda uwarsa take rantar kuɗin leda biyu ta jini bayan ta sayar da keken ɗinkinta, ta zauna a tabarmar makoki, sannan ta leƙa ɗaya gidan inda uwar mai sukan ta daina zuwa biki da suna don kunya, to wannan fim ɗin ya fi wa'azin sati guda shiga jikin saurayi. Duka biyun sunansu fim ɗin daba. Dokar da ta hana suna ta haɗa su ta zubar tare.

Nan ne abin yake ci mini rai. Manomi a Zamfara ya sayar da gonar gado ya kai kuɗin fansa, aka karɓa aka ce ya ƙaro babur. Mata a ƙauyukan Katsina suna kwana a daji da goyo. Wannan shi ne babban labarin zamaninmu, kuma masana'antar da take magana da harshen waɗannan mutanen an ce kada ta taɓa shi. Sai soyayya da rikicin kishiyoyi, kamar gidan da ake makoki ana dafa alkaki. Ko a matakin tarayya an ga irin wannan ɗari-ɗarin. The Milkmaid na Desmond Ovbiagele, wanda aka ɗauka a Taraba, yawancinsa da Hausa, labarin 'yan mata biyu 'yan uwa ne da masu tayar da ƙayar baya suka afka wa ƙauyensu. Sai da aka yanke masa sama da minti 20, galibi wuraren da suka shafi addini, kafin a ba shi izini. Fim ɗin nan shi ya lashe kyautar gwarzon fim ta AMAA a 2020, shi Najeriya ta aika gasar Oscar. Jikokinmu za su nemi sanin yadda aka rayu a waɗannan shekarun, kuma ina tsoron abin da za su tarar a fina-finanmu bai wuce falo da kujeru ba.

Ko da ma dokar ta yi daidai, akwai maganar ƙofar gida. Lokacin da aka kafa hukumar Kano a 2001, bayan dakatar da harkar fim da aka yi a ƙarshen 2000 da zuwan shari'a, tukunya ɗaya ce da gaske. Fim yana fitowa a kaset, kaset yana bi ta hannun 'yan kasuwar da aka san shagunansu, talabijin ɗaya ce a tsakar gida, in abin kunya ya zo uba ya yi gyaran murya a kashe. Yau an kulle kicin, amma masu talla sun yi layi a ƙofar gida kowa da farantinsa. Yaro zai je shagon masu tura fim a waya da 'yan canjinsa, a cika masa memori da Indiya-Hausa, irin na kudancin Indiya da jarumi ɗaya yake karya ƙasusuwan mutum hamsin ana jin ƙarar kowane ƙashi, ga fassara da Hausar da ta fi ta 'yan fim ɗinmu kaifi. Ya shige ɗaki ya toshe kunne da iyafis, ba mai gyaran murya. A watan Mayu na 2025 hukumar ta dakatar da shirye-shirye masu dogon zango 22, har da Labarina da Daɗin Kowa, a kan sai an kawo mata ta duba kafin a saki. Wannan ya nuna hannunta yana kaiwa ga wanda yake da ofis a Kano. Wanda yake loda nasa daga Kaduna ko Legas ko Haidarabad, sai dai ta bi shi da ido. Ƙarshenta ɗan gida aka hana girki, yaran kuma ba su kwana da yunwa ba.

Abin da ya rage mai amfani shi ne a ɗauko kwanukan nan da aka kife. Kowane fim da kowane kashi na shiri ya fito da lambar shekaru, kuma kada a tsaya ga rubutu a kusurwa da ba mai karantawa. A faɗa da baki, da Hausa, kafin a fara: wannan shirin akwai sara da jini, ba na yara ba ne. Uwar da ba ta yi boko ba tana tsakar gida za ta ji, kuma ta san abin yi, tunda aikinta ne kullum. Masu fassara su ma a sa su faɗi haka da muryar tasu da yara suke so. Masu tura fim suna da ƙungiya, hukuma ta san su, tana yi musu rajista. A sa su raba jakar fina-finai a kwamfutarsu gida biyu, ta yara da ta manya, wanda aka kama ya loda wa ɗan shekara goma ta manya a ci shi tara. Wannan aiki ne mai wahala, yana son ma'aikatan da za su zauna su kalli fim daga farko har ƙarshe su yi gardama a kansa, su kira darakta su ce wannan wurin ka mayar da kyamara kan wanda ya faɗi. Hanawa da sanarwa ɗaya ta fi sauƙi, shi ya sa ake yawan yin ta.

Akwai kuma wanda ya fi duk waɗannan zafi, ɗanye shar, ko wuta bai gani ba, kuma babu hukumar da take tace shi. Duk ranar da aka kai hari a wani ƙauye, kafin la'asar bidiyon gawarwakin ya zagaya WhatsApp, fuskoki a buɗe, wani lokacin har da muryar mai yankan. Ba ɗan fim ne yake turawa ba. Manya ne, a zauren dangi da na 'yan masallaci da na tsofaffin ɗalibai, a rubuta innalillahi a ƙasa a tura gaba. Wayar tana ajiye shi da kanta a cikin hotuna. Da daddare yaro ya ce Baba ara mini in yi gem, a miƙa masa ita a buɗe, kuma mamacin da ke cikin bidiyon yana da 'ya'ya su ma masu aron waya.